Tina Junction: A Ƙidaya Kafin A Faɗaɗa

Duk direban da ya saba ɗauko shanu daga Potiskum ko Maiduguri ya bi ta Jos ya nufi Makurɗi da Inugu da Anacha, ba sai an yi masa kwatancen Tina Junction ba. Mahaɗa ce a kan titin zobe na Bauchi, kusa da Unguwar Rukuba da Dutse Uku. Asalin titin zobe, kamar yadda sunansa ya nuna, an yi shi ne domin mota ta kewaye tsakiyar gari ta wuce abinta. To amma gari ya girma ya haɗiye shi, har ya zamana tirela da tanka suna raba kwalta ɗaya da keke mai ƙafa uku da tasi da mai tura baro da yaran makaranta. Mutanen Arewa mazauna Agege da Idi Araba da Sabon Badun da Shagamu suna da haƙƙi a cikin wannan magana, domin kayan gwarin da ake saukewa a Mile 12 da yawansu daga Filato suke fitowa, kuma waɗanda suke tsallaka irin wannan titi safe da yamma iyalan wasunsu ne da suka baro a gida.

Abin da aka saba ji a tasha da majalisa, duk lokacin da cunkoso ya yi tsanani ko aka yi haɗari a wuri irin wannan, shi ne a faɗaɗa titi, a ƙara masa layi. Magana ce mai daɗin ji, kuma 'yan siyasa suna son ta, saboda faffaɗan titi abu ne da ido yake gani ranar buɗewa. Sai dai yawan layin titi yana da lissafinsa kamar yadda ɗinkin riga yake da awo, kuma layin da aka ƙara ba bisa lissafi ba yana iya jawo asarar rai fiye da wanda aka yi niyyar ceta.

Ga yadda injiniyoyi suke yi idan ana so a yi aiki na gaskiya. Da farko a sa mutane ko na'ura a bakin titi a ƙidaya abin da yake wucewa, sa'a bayan sa'a, kwanaki da dama, har da ranar kasuwa da ranar Juma'a da ranar Lahadi. Ba a haɗa motoci a buhu ɗaya, domin tirela mai lodi tana cin gurbin ƙananan motoci biyu ko uku, kuma a kan hawa, irin wanda Jos ba ta rasa ba, tana cin fiye da haka. Daga nan sai a ɗauki sa'ar da ta fi cunkoso a cikin kwanakin aiki, a yi kirdadon yadda motoci za su ƙaru nan da shekara 20, watau tsawon ran da aka saba yi wa titi tanadi. Lissafin ba wuya gare shi ba: idan motoci suna ƙaruwa da kashi 4 cikin 100 kowace shekara, cikin shekara 18 sun ninka. Abin da aka samu sai a raba shi da abin da layi guda yake iya ɗauka, wanda a kan buɗaɗɗen titi marar tsaye-tsaye yake kai ƙananan motoci wajen 2,000 a sa'a. Faɗin layi guda kuwa a ƙa'idar manyan hanyoyin Nijeriya mita 3.65 ne, shi ya sa titi mai falan ɗaya, mai zuwa da mai komowa, yake da mita 7.3, ban da kafaɗa.

Wannan lissafi na buɗaɗɗen titi ne. A cikin gari mahaɗa ce take yanke hukunci. Inda hanyoyi suka gamu dole kowane ɓangare ya jira ɗan'uwansa, saboda haka layin da yake ɗaukar mota 2,000 a daji ba ya fitar da ko rabin haka a mahaɗa. Idan aka ƙara da tasi da ta tsaya sauke fasinja a tsakiyar kwalta, da keke biyar da suka jeru suna jiran cika, da teburin mai lemo da ya ci kafaɗar titi, sai a tarar layin da aka kashe wa miliyoyi ya zama tasha da kasuwa. A wuri irin wannan ko an yi layi shida, bakin tulun dai yana nan yadda yake, kuma ruwa ba zai fita fiye da faɗin bakin ba.

Lalle akwai inda ƙarin layi yake ceton rai, kuma ba daidai ba ne a musa. A kan doguwar hanya tsakanin gari da gari, mafi munin haɗari shi ne taho-mu-gama, inda direban da ya gaji da bin bayan gingimari ya fito zai wuce, ya yi kiciɓis da mai zuwa. Idan aka tagwaita hanya aka sa shinge a tsakiya, an kawar da wannan musiba kusan gaba ɗaya. Dalilin da ya sa aka yi babbar hanyar Ikko zuwa Badun ke nan, wadda aka buɗe a 1978, da kuma tagwayen hanyar Abuja zuwa Kaduna da Zariya da Kano. Da aka zo sake gina hanyar Badun daga 2013, an yi layi uku-uku daga Ikko zuwa Shagamu, biyu-biyu daga Shagamu zuwa Badun, domin a Shagamu motocin Binin da Gabas suke rabuwa da na Arewa. Wannan misali ne na layin da ya bi ƙidaya. Amma a lura, abin da ya fi yin aikin ceto a nan shingen tsakiya ne. Ƙasar Suwidin ta tabbatar da haka tun daga 1998, lokacin da ta fara yin hanyoyi masu layi uku kacal, biyu a hannu ɗaya, ɗaya a ɗaya hannun, suna musanyawa bayan 'yan kilomita, da shingen waya a tsakani, kuma mace-mace suka ragu ƙwarai a kan waɗannan hanyoyi.

A cikin unguwa kuwa lissafin ya juya, domin wanda ya fi shiga haɗari shi ne mai tafiya a ƙasa. Babban mutum lafiyayye yana cin kimanin mita 1.2 a daƙiƙa guda. Titi mai layi biyu zai ɗauke shi daƙiƙa 6, mai layi huɗu daƙiƙa 12, mai layi shida daƙiƙa 18. Motar da take gudun kilomita 60 a sa'a tana cin mita 200 cikin daƙiƙa 12, watau motar da tsohuwa ta hango can nesa kamar ƙwaro sa'ad da ta sa ƙafa a kwalta, tana iya riskar ta kafin ta kai ɗaya gefen. Akwai kuma wani tarko da titi mai falan ɗaya bai san shi ba. Direban layin farko ya tsaya ya ɗaga wa yaro hannu ya wuce, jikin motarsa ya kare yaron, direban layi na biyu da bai ga kowa ba ya taho a guje. Mazauna Ikko sun san titin Ikorodu, sun san dalilin da ya sa aka jera masa gadojin tsallaka, sun kuma san yawan masu ɗauke da kaya da ba sa iya hawa matakalar, sai su sayar da rai su ratsa ta ƙasa.

Har ila yau, faɗi yana kiran gudu. Direba ba allo yake karantawa ba, titi yake karantawa. In ya ga fili ƙafarsa ta nutse a kan totur ko da allon ya ce kilomita 50, wanda shi ne iyakar gudun ƙaramar mota a cikin gari bisa ƙa'idar hanya ta Nijeriya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayyana cewa ƙarin kashi 1 cikin 100 a kan matsakaicin gudu yana ƙara haɗarin da ake mutuwa da kashi 4 cikin 100, kuma mutumin da mota ta buge a gudun kilomita 65 ya fi wanda aka buge a gudun 50 kusantar mutuwa sau huɗu da rabi. A rahotonta na 2023 hukumar ta ƙiyasta mutum miliyan 1.19 ne suke mutuwa a kan titi kowace shekara a duniya, kuma fiye da rabinsu masu tafiya a ƙasa ne da masu keke da babur.

Ko cunkoson ma da ake gudu, ƙarin layi ba ya korar sa har abada. Sabon fili yana jawo sababbin motoci: wanda da yake shiga bas sai ya fito da tasa, wanda yake bin wata hanya sai ya dawo nan. A birnin Houston na Amurka an gama faɗaɗa wata babbar hanya a 2008 har ta wuce layi ashirin a wasu wurare, amma cikin 'yan shekaru cunkoso ya dawo. An gudu ba a tsira ba. Shi ya sa garuruwa da yawa a Amurka suka koma rage layi, suna mayar da titi mai layi huɗu marar shinge ya zama uku, na tsakiya domin masu karya kwana, kuma hukumar manyan hanyoyin ƙasar ta ce haɗari yana raguwa da kashi 19 zuwa 47 cikin 100. Ikko ma da ta tashi rage wa talaka wahala a 2008, layi ta ware wa manyan bas daga Mile 12 zuwa CMS, domin mutane ake so a kai inda za su, kuma bas guda tana ɗaukar abin da ƙananan motoci da dama za su ɗauka.

Jos ta ga manyan ayyuka a 'yan shekarun nan. An yi gadar sama a mahaɗar Sakatariya, wadda aka fara a zamanin Gwamna Jonah Jang, an kuma yi ta mahaɗar British America a zamanin Gwamna Simon Lalong. Ba laifi. Amma motar da ta tsallake gadar sama ba tare da tsayawa ba tana isa mahaɗa ta gaba da sauri kuma da yawa, saboda haka gyaran wuri guda yana tura nauyi ga maƙwabcinsa. Bisa ga haka, duk aikin da za a yi a Tina Junction da ire-irenta, ya kamata a fara da ƙidaya, kuma a ƙidaya masu tsallakawa da ƙafa da masu keke kamar yadda ake ƙidaya motoci. Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1988, tana rubuta inda haɗari ya auku da sa'ar da ya auku. Wannan littafi ya kamata ya hau tebur kafin takardar kwangila.

Bayan ƙidaya, akwai ayyuka masu araha da suka cancanci a riga yi. A fitar wa tasi da keke wurin tsayawa a wajen kwalta, domin layin da ake da shi ya yi aikinsa. A nema wa masu talla da masu tebur wuri kusa, ba a kore su da bulala su dawo gobe ba, domin abinci suke nema. A gina tsibiri a tsakiyar titi inda mai tsallakawa zai tsaya ya huta, ya fuskanci hannu ɗaya a lokaci guda. A sa fitila da dare, a sabunta fenti, a yi tudun rage gudu kafin makaranta da kasuwa. Inda fili ya samu, shataletale ya fi mahaɗa mai ƙetare: a mahaɗar hanya huɗu akwai wurare 32 da mota za ta iya karo da mota, a shataletale guda 8 ne, kuma yana tilasta wa kowa taka birki. Manyan motoci masu wucewa Kudu kuwa, maganinsu na dindindin shi ne hanyar da take kewaye gari da gaske, wadda za a hana gini ya sake haɗiye ta. Idan an yi duk wannan ƙidaya ta nuna har yanzu ana bukatar ƙarin layi, to a ƙara, a biya diyyar gidaje da shaguna yadda ya kamata, a kuma haɗa da shinge da wurin tsallakawa a cikin kwangila ɗaya.

Akwai wani abu da Jos ta fi kowane gari bukatar kula da shi. Rikice-rikicen 2001 da 2008 da 2010 sun raba unguwanni da yawa gida biyu, kuma wuraren da jama'a suke gamuwa har yanzu su yi ciniki su gaisa su ne kasuwa da tasha da bakin titi. Titin da tsoho da yaro ba sa iya tsallakawa katanga ce, ko da ba a aza tubali ko ɗaya ba, kuma garin da yake ƙoƙarin ɗinke ɓaraka ba ya bukatar ƙarin katanga.

Saura kuma direbobi da masu motoci da shugabannin ƙungiyoyin fatake da suke zaune a Kudu. Muryarsu tana da nauyi a gida, domin su ne masu aiko da kuɗi, su ne kuma ake nema lokacin zaɓe. In ɗan takara ya zo Sabo ko Agege ya yi alkawarin titi mai layi shida, ya dace a tambaye shi mota nawa aka ƙidaya, mutum nawa suke tsallakawa, kuma a ina yaro zai tsaya. Direban da ya iso Jos da asuba bayan kwana a hanya, shi ma ya tuna cewa daga inda gidaje suka fara, ƙafarsa ta bar totur ta koma kusa da birki. Allah Ya kai kowa gida lafiya, amin.