Adamu Halilu da fim ɗin da ya kusa salwanta: darasi ga Katsina

A shagunan masu tura fina-finai a waya da ke Ƙofar Kaura, cikin birnin Katsina, matasa na iya jero sunayen jaruman Labarina da Kwana Casa'in ba tare da gargada ba. Amma da wuya a samu wanda ya san Adamu Halilu, mutumin da ya ba da umarnin fim ɗin Shehu Umar a 1976, shekara 14 kafin Turmin Danya na 1990, wanda ake ɗauka a matsayin mafarin Kannywood. Matasan ba su da laifi, domin ba a ajiye musu ayyukan magabata inda za su iya gani ba.

An haifi Adamu Halilu a 1936 a yankin da yanzu ya zama Jihar Adamawa. Ya fara da shirya fina-finan wayar da kai na gwamnatin Arewa, irin waɗanda ake zagawa da su gari-gari a majigi. Daga nan ya ɗauki littafin Shehu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, tsohon ɗalibin Kwalejin Katsina, ya mayar da shi fim da harshen Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shehun. An nuna fim ɗin a bikin FESTAC na 1977 a Legas. Daga baya ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Najeriya. Ya rasu a 2001.

Duk da wannan matsayi, fim ɗin ya ɓace daga idon jama'a tsawon shekaru, har aka ɗauka ya tafi ke nan. Sai a 2016 aka tsinto faya-fayansa a ma'ajiyar hukumar. Cibiyar Arsenal da ke Jamus ta gyara shi, aka haska shi a bikin fina-finai na birnin Berlin a 2018. Wato sai da baƙi suka sa hannu kafin Bahaushe ya sake ganin abinsa. Idan aikin wanda ya shugabanci hukumar da kanta ya shiga wannan hali, ina ga na sauran?

Tambayar ta shafi Katsina kai tsaye. Marigayi Umaru Ɗanjuma Katsina, wanda aka fi sani da Kasagi, shi ya rubuta wasan kwaikwayon nan Kulɓa Na Ɓarna, wanda Brendan Shehu ya mayar fim. Kasagi ya daɗe yana nishaɗantar da jama'a a talabijin kafin rasuwarsa a 2021. Littafin yana nan saboda an buga shi a takarda, amma kaset ba ya da irin wannan juriya. Zafi da laima da ƙura na cinye shi, na'urorin kunna shi kuma sai ƙara wuya suke yi. Dogaro da YouTube ma ba mafita ba ne, domin ranar da aka rufe tasha, abin da ke cikinta ya bi ta.

Saboda haka akwai aiki a gaban gidan talabijin na jiha, KTTV, da Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Katsina, da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa. Matakin farko shi ne a ƙirga tsofaffin kaset ɗin da suka rage, a juye su a kwamfuta, a ajiye kwafi a wuri fiye da ɗaya. Na biyu, a zauna da dattawan da suka riƙe kyamara da masu ba da umarni da ke raye, a naɗi tarihinsu daga bakinsu. Na uku, a kiyaye haƙƙin iyalan mamatan idan aka sake nuna ayyukan.

Masu shirya fim na yau su ma kada su jira gwamnati. Duk wanda ya kammala shiri ya ajiye asalinsa, ya rubuta shekarar da aka yi shi da sunayen duk waɗanda suka yi aikin, ya kai kwafi ɗakin karatu. Shehu Umar ya tsira ne saboda faya-fayansa na kwance a ma'ajiya. Shirin da kwafinsa ɗaya tak ke cikin kwamfutar mai tace hoto ba zai samu wannan sa'ar ba.