Sharhi: Talabijin Mai Tsada Da Cinikin Biri A Sama

A ranar 31 ga watan Oktoba na 1959 aka buɗe gidan talabijin na farko a ƙasar nan, a Badun, sa'an nan na Kaduna ya biyo baya a 1962. A wancan zamani, wanda ya je sayen akwatin talabijin tambaya biyu yake yi wa mai kanti: inci nawa ne, nawa ne kuɗinsa. Da hoto mai launi ya shigo a tsakiyar shekarun 1970 sai tambayar ta zama uku. Yanzu kuwa in mutum ya shiga kasuwar Alaba a Ikko, ko manyan kantunan Abuja da Kano, sai ya tarar da talabijin masu shiga intanet jere a bango, kowanne da haruffa da lambobi a goshinsa: 4K, 8K, OLED, QLED, 120Hz. Manyan cikinsu miliyoyin Naira ake magana. Abin takaici shi ne, da yawa daga masu ƙirga waɗannan miliyoyi cinikin biri a sama suke yi, domin hoton da ya ruɗe su a kanti ba shi za su gani a gida ba.

Dalili kuwa a fili yake. Kamfanonin da ke ƙera akwatunan suna sa musu saiti na musamman domin kanti, watau a ƙure haske, a tsananta launi, domin kowanne ya danne na kusa da shi a ƙarƙashin fitilun kantin. Hotunan furanni da tsuntsayen da ake nunawa kuma zaɓo su aka yi don su ƙawata akwatin. Kamata ya yi mai saye ya karɓi rimot ya mai da akwatin saitin fim, ko wanda ake kira Filmmaker Mode, wanda aka sanar a 2019 domin a nuna fim yadda masu shi suka shirya shi. Sa'an nan ya sa nasa fim ɗin da ya zo da shi a filashi, mai wurin da aka ɗauka da dare. Ya dubi fuskar baƙin mutum a cikin duhun. In ido da hanci da ninkin hula sun fito sosai, to, akwatin ya san aikinsa. In kuwa fuskar ta haɗe da bango ta zama dunƙule guda, yawan haskensa ba zai amfane shi da kome ba.

A duhu ne ake rabe manyan akwatuna, kuma a nan ne harafi ɗaya yake cin kuɗin mutane. OLED da QLED ba 'yan gida ɗaya ba ne. A OLED, wanda kamfanin LG ya fito da mai inci 55 kasuwa a 2013, kowane ɗigo na hoton shi ke ba da haskensa, in aka zo wurin baƙi sai ya mutu ɗungum, baƙin ya fito wuluk. QLED kuwa, sunan da Samsung ya shiga amfani da shi a 2017, gilashi ne mai fitilu a bayansa, an ƙara masa wani shimfiɗi mai gyara launi. Masu tsadar irin wannan, da ake kira Mini-LED, fitilun bayansu ƙanana ne dubbai, an raba su unguwa-unguwa ana kunnawa ana ragewa. Duk da haka, in farin rubutu ya hau baƙin fili akan ga haske ya yi masa kewaye kamar yadda wata ke yin lema. Mai saye ya koma gefe ya duba, domin daga gefe abin ya fi bayyana.

To, amma fa kada a ce OLED ya gama magana. Wanda falonsa ke da manyan tagogi, rana na shigowa tun hantsi, sau da yawa Mini-LED ya fi yi masa amfani saboda ƙarfin haskensa. Bugu da ƙari, OLED yana da lahani guda: abin da ya daɗe a wuri ɗaya bai motsa ba, kamar tambarin tashar labarai ko allon ƙwallaye, yana iya barin inuwarsa a gilashin har abada. An rage wannan matsala ƙwarai a sababbin akwatuna, amma mai gidan kallon ƙwallo, ko ofishin da ake barin tasha ɗaya tun safe har dare, wajibi ne ya yi tunani kafin ya biya.

Maganar 4K da 8K ba ta da tsawo. Hoton 4K ɗigo miliyan 8.3 ne, ninki huɗu na cikakken HD, na 8K kuwa miliyan 33. Daga kujerar falo da wuya ido ya rabe biyun, kuma abin kallo na 8K ƙalilan ne. Ko 4K ɗin ma, kamfanin Netflix ya ce kallonsa na iya cin gigabait 7 a awa guda, wanda ke sayen data kuwa ya san abin da wannan ke nufi. Yawancin tashoshin da ake kamawa a gidaje ba su wuce HD ba, wasu ma ba su kai ba. Saboda haka babban gwaji shi ne a kunna tasha ta yau da kullum, ko tsohon fim ɗin Hausa, a ga yadda akwatin ke shimfiɗa ƙaramin hoto a faffaɗan gilashi ba tare da ya dagule ba.

Akwai kuma wani kwaskwarima da akwatunan ke zuwa da shi a kunne. Fim hoto 24 ake ɗauka a daƙiƙa, sai akwatin ya ƙirƙiro wasu ya cusa a tsakani wai don motsi ya yi santsi, fim mai tsada ya koma kamar bidiyon biki. Abin ya dami masu sana'ar har Tom Cruise ya fito a 2018 yana roƙon jama'a su kashe shi.

Wannan kwaskwarima ita ce babbar abokiyar gabar mai wasan gem, domin kowane gyara lokaci yake ci. Tun da PlayStation 5 da Xbox Series X suka fito a watan Nuwamba na 2020, samari da yawa su ne ke zaɓa wa gida talabijin, iyaye su biya. Abu na farko da ya kamata a duba shi ne jinkirin da ke tsakanin latsa madanni da ganin motsi a gilashi. In akwati mai kyau yana cikin saitin wasa, jinkirin bai fi kashi 10 cikin 1,000 na daƙiƙa ba, ko kusa da haka. In ba ya ciki, yana iya haura kashi 100. A wasan ƙwallo wannan ya isa a ƙwace wa mutum tamaula kafin ya ga ta iso ƙafarsa. Akwai abin da ake kira ALLM, mai sa akwatin ya shiga saitin wasa da kansa da zarar an kunna na'urar, da kuma VRR, mai daidaita saurin gilashin da na wasan domin kada hoto ya tsage biyu in wasa ya yi zafi.

Sai lambar 120, inda aka fi yi wa mutane rufa-ido. Ma'anarta gilashin na iya sauya hoto sau 120 a daƙiƙa. Amma kamfanoni sun daɗe suna rubuta 120 kusa da wani suna na talla a kwalin akwatin da ainihinsa 60 ne. Haka nan tambarin HDMI 2.1. An fito da wannan ma'auni a 2017, yana iya ɗaukar gigabit 48 a daƙiƙa maimakon 18 na wanda ya gada, amma a ƙarshen 2021 ta bayyana cewa an yarda a manna wa kaya tambarin ko da ba su da sababbin abubuwan. Kuma wasu manyan akwatuna masu kafa huɗu a baya, biyu kaɗai ke ɗaukar 4K a kan 120, ɗaya daga cikin biyun ma ita ce ta sifika. Maganin duk wannan shi ne a zo da na'urar wasan kantin, a jona ta da waya mai tambarin Ultra High Speed, a buɗe shafinta na bayanin hoto, ita za ta faɗi abin da akwatin ke iyawa. Uba kuma ya sani cewa yawancin wasanni ba sa wuce hoto 60 a daƙiƙa, kada yaro ya sa shi ƙarin kuɗi a kan abin da ba zai mora ba.

Ba daidai ba ne a bar mai saye shi kaɗai da wannan aiki. Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki ta Ƙasa, SON, da Hukumar Kare Haƙƙin Masu Saye, FCCPC, suna da hurumi a nan. Ya kamata su tilasta wa masu shigo da talabijin su manna takarda a jikin kowane akwati, mai faɗin irin gilashinsa, ainihin saurinsa, kafa nawa ke ɗaukar 4K a kan 120, da wutar da yake sha, tun da a watan Afrilu na 2024 an kai kuɗin wutar rukunin A Naira 225 kowane yunit. Takardar ta kuma faɗi shekarun garanti da adireshin wurin gyara a cikin ƙasar nan, ta bayyana ko garantin ya haɗa da inuwar da ke makalewa a gilashi da ɓarnar da hauhawar wuta ke yi, domin waɗannan biyu ne akan ce wa mai saye ba sa ciki bayan ya riga ya biya.