Swinton da ƙasusuwan tekun Sakkwato

Duk lokacin da na faɗa wa wani ɗalibi cewa ƙasar Sakkwato ta taɓa kasancewa ƙarƙashin teku, sai ya dube ni kamar mai ba da tatsuniya. Ba na ganin laifinsa. Wanda ya san zafin Goronyo a bazara da wuya ya yarda cewa kimanin shekara miliyan 70 da suka shuɗe wani reshen teku ya ratsa Sahara ya malale wannan yanki. Amma shaidar tana nan kwance cikin duwatsu, kuma ɗaya daga cikin waɗanda suka fara karanta ta shi ne William Elgin Swinton, wanda nake so mu waiwayi rayuwarsa a wannan mako.

An haifi Swinton a garin Kirkcaldy na ƙasar Sikotilan a 1900. Ya yi karatu a Jami'ar Glasgow, sannan a 1924 ya kama aiki a gidan adana tarihin halittu na Landan, inda aka ɗora masa kula da ƙasusuwan dabbobi masu jan ciki waɗanda suka daskare suka zama dutse. A 1934 ya wallafa littafi a kan dabbobin nan da ake kira dainoso, ya kuma yi suna wajen bayyana wannan ilimi ga jama'ar gari da yara. A 1961 ya koma Toronto ta ƙasar Kanada, ya shugabanci gidan tarihi na Royal Ontario daga 1963, kuma a can ya mutu a 1994.

Abin da ya haɗa mu da shi ya faru a 1930. A shekarar ce ya rubuta bayani, cikin mujallar hukumar binciken ƙasa ta Nijeriya, a kan wasu ƙasusuwa da aka tono a Lardin Sakkwato. Ya gano cewa wasunsu na wani ƙaton dabban ruwa ne mai cin nama, dangin ƙadangare, ya raɗa masa suna Mosasaurus nigeriensis. Bayan shekara 42, wasu masana 'yan Italiya da suka samo ƙarin ƙasusuwa a yankin Goronyo, har da sassan ƙoƙon kai, suka nuna cewa dabban ya sha bamban da jinsin da Swinton ya jingina shi gare shi. Sai suka sake masa suna Goronyosaurus. Yau sunan Goronyo yana cikin littattafan kimiyya na duniya, alhali mafi yawanmu ba mu da labari.

Wani zai ce ashe Swinton ya yi kuskure. Haka ne, amma ni a nan nake ganin darajar aikinsa. An iya gyara masa ne domin ya auna abin da ke hannunsa, ya siffanta shi, ya rubuta inda aka samo shi, aka kuma adana. Wannan shi ne aikin mai kula da gidan tarihi: lamba a jikin ƙashi, takarda a cikin akwati, rajista wadda wani zai buɗe bayan mai rubutun ya kwanta dama. Ƙashin da aka tsinta ba a rubuta mazauninsa ba ya rasa rabin amfaninsa.

To, mu ina namu tanadin? Farar ƙasar Kalambaina da muke yin siminti da ita a gindin teku ta taru, kuma irin wannan dutse yakan ƙunshi ragowar halittun ruwa. A Yamai, yaro yana iya shiga gidan tarihi na Boubou Hama ya tsaya gaban ƙwarangwal ɗin dainoso da aka tono a ƙasarsa. Ina fatan yaron Goronyo ma ya samu irin wannan dama kusa da gida.

Roƙona ga jami'o'inmu da gwamnatocin jihohi ƙarami ne: ɗaki ɗaya mai tsabta, akwatunan ajiya, rajista, da ma'aikaci guda wanda aka horar kuma ake biyan sa a kan kari. Da irin waɗannan kayan Swinton ya yi aikin da har yanzu ake komawa gare shi.