Damina Ba Ta Jiran Ɗaukaka Ƙara

Bara wani yaro ɗan ajina a nan Tirmini ya daina zuwa makaranta ana saura kwanaki a yi jarrabawar ƙarshen shekara. Da na bincika, sai aka ce ya bi mahaifinsa ƙwadago a gonakin mutane. Su kuwa ba marasa gona ba ne. Gonar da suke nomawa tun zamanin kakansa tana nan, an yi mata sharar gona, an kai mata taki. Ana dab da ruwan shuka wasu dangi na nesa suka taso suka ce aro aka ba kakan, alƙali kuma ya ba da umarnin wucin gadi cewa kada kowa ya taɓa ta sai an gama shari'a. Uban ya ɗaukaka ƙara. Ranar da aka kira su, maƙwabta sun riga sun ɗaure damman hatsinsu.

Ga yadda abin yake a doka, ga wanda bai taɓa shiga ba. Rikicin gona a Nijar yana farawa ne gaban maigari ko sarkin kanto, waɗanda aikinsu sasantawa ne, ba yanke hukunci ba. In an sasanta a rubuta takarda, in an kasa ma a rubuta, sannan magana ta wuce kotu, inda alƙali ke zama da masana al'ada. Kafin a kai ga hukunci, alƙali na iya ba da umarnin gaggawa don hana ɓarna. Irin wannan umarni ba ya cewa gonar ta wane ce. Ana iya ɗaukaka ƙara a kansa, amma ɗaukakawar ba ta dakatar da shi: yana ci gaba da aiki har sai kotun sama ta soke shi.

A takarda babu laifi. Inda gizo ke saƙa shi ne lokaci. Shagon da aka rufe wata uku ana buɗe shi a ci gaba da ciniki. Gonar hatsi kuwa sau ɗaya take haihuwa a shekara, kuma ƙofar shuka a ƙasar Damagaram ƴan makonni ne tsakanin Yuni da Yuli. Duk wanda aka hana shi wannan ɗan lokaci, an yanke masa hukuncin shekara guda cur, ko da daga baya an ce shi ke da gaskiya. Wa zai maido masa daminar? Daga Tirmini zuwa Zinder, inda kotun ɗaukaka ƙara take, tafiyar ƙasa da awa ɗaya ce a mota. Ba hanya ce ke da nisa ba, ranar zaman ce.

Masu wayo sun gane haka. Ba don banza ba ne yawancin ƙararrakin gona ke tasowa a bazara, ba da kaka ba. Mai ƙara da ke zaune birni, ko yake da wasu gonakin, bai yi asarar komai ba in gonar ta kwana saura. Wanda rumbunsa ya dogara da ita shi ke ji a jika. Umarnin da aka ce ya hau kan kowa daidai, a zahiri mutum ɗaya ya danne, kuma shekara biyu a haka ta isa ta sa shi ya karɓi sulhun da ba zai taɓa karɓa ba da cikinsa a ƙoshe.

Tushen rikicin kuma tsoho ne. A Disambar 1974 Seyni Kunce ya bayyana cewa gona ta mai noma ta ce. Masu aro da masu jingina suka riƙe wannan magana, masu asalin gona suka riƙe tasu, jikokinsu ne yau ke gaban alƙali. Dokar tsarin karkara ta 2 ga Maris 1993 ta amince da mallakar gargajiya daidai da ta takarda, ta kuma kafa hukumomin ƙasa da muke kira Kofo don su rubuta sayarwa, kyauta, aro da jingina. Sai dai aron da aka yi shekara hamsin da suka wuce a gindin gawo, shaidunsa suna kabari. Shi ya sa shari'ar ke ja, wani lokaci har sai an kai ga rantsuwa da Alƙur'ani.

Ba na cewa alƙalai su daina ba da wannan umarni. Na san abin da suke tsoro: gida biyu su haɗu a gona ɗaya kowa da hauya a hannu, kuma mun sha jin yadda hakan ke ƙarewa. Amma hana kowa noma ba shi kaɗai ne maganin zubar da jini ba. A bar wanda ya noma bara ya noma bana, a ƙirga damman gaban maigari da wakilin Kofo, a ajiye wani kaso amana har ranar hukunci. In mai ƙara ya yi nasara ya kwashe, in ya faɗi a mai da wa mai shi. Iyayenmu sun san irin wannan tsari tun kafin a kawo mana takardu.

Ɗaukaka ƙarar kanta ita ma tana buƙatar agogon manomi. Umarnin da ya hana shuka, a saurari ƙorafi a kansa cikin kwanaki, gaba da sauran fayiloli, kuma a rubuta masa ranar ƙarewa a jikinsa, kada ya zauna har sai baba-ta-gani. Wanda ya nemi a hana wani noma kuwa, ya ajiye abin da zai biya diyya in ya zamana ƙararsa ba ta da tushe.

Yaron ya dawo aji a Oktoba, ya maimaita shekara. Gonar tana nan cike da ƙarangiya, awakin unguwa na kiwo a ciki.