Ƙofar da Fatima Ta Bi, Wadda Muke Rufe wa 'Ya'yanmu

A shekarar 1965 aka zaɓi Fatima Ahmad Ibrahim, ta zama mace ta farko a majalisar dokokin Sudan. Ta mazaɓun da aka keɓe wa masu shaidar karatu ta shiga, wato alƙalami ne ya ɗora ta a kujerar. Bayanta, Dakta Fatima Abdul Mahmud, likitar yara, ta riƙe muƙamin minista a zamanin Numairi, har ta nemi shugabancin ƙasa a 2010.

To, ya ku iyayenmu na Mayo da Omdurman masu cire yarinya daga makaranta da sunan tsare mutunci: sa'ad da aka zubar da jinin Hausawa a jihar Nilul Azraƙ a watan Yulin 2022, mun fito titunan Khartoum muna kukan rashin mai magana da yawunmu a sama. Gaskiya ne ana nuna mana wariya wajen takardar ɗan ƙasa. Amma littafin da aka ƙwace daga hannun yarinya, ba hukuma ce ta ƙwace shi ba.

Kada a jingina wannan ga addini. Shehu Usmanu ya karantar da Nana Asma'u, ya kuma zargi malaman da ke barin matansu cikin jahilci. Ku da ke alfahari da jikokinsa a Mai Wurno, wane littafi kuka karanta wanda shi bai gani ba?