An Sakar wa Kasuwa Mara, An Bar Manomin Kibiya da Kaya

Shekara kusan arba'in ke nan masu mulkin Nijeriya suna biya karatu guda kamar almajiri da allonsa: gwamnati ba 'yar kasuwa ba ce, a janye tallafi, a sayar da kamfanonin hukuma, a sakar wa kasuwa mara ita za ta daidaita komai. Idan aka yi musu gardama sai su nuna Turai, su ce ai har Suwidin, wadda duniya ta sani da kula da talakawanta, ta bi wannan hanya. Gaskiya ne ta bi. Amma duk wanda ya auna abin da ya faru a can da abin da ya sami manomin Kibiya da Rano zai ga cewa misalin da suke kafa hujja da shi, shi ne babban mai ba da shaida a kansu.

Wannan aƙida tana da asali. A 1947 wasu masana, cikinsu har da Friedrich Hayek da Milton Friedman, suka taru a Mont Pelerin ta ƙasar Suwizalan, suka yi ittifaƙi cewa faɗaɗar hannun hukuma barazana ce ga 'yancin mutum. Ra'ayin ya daɗe a gefe, sai da Margaret Thatcher ta hau mulki a Ingila a 1979, Ronald Reagan kuma a Amurka a 1981, sannan ya sami masu aiwatar da shi. Daga nan Asusun Ba da Lamuni na Duniya da Bankin Duniya suka mai da shi sharaɗin bashi ga ƙasashen Afirka. Kowa ya ci ladan kuturu kuwa, dole ya yi masa aski.

A 1985 Janar Ibrahim Babangida ya buɗe muhawara a kan karɓar bashin asusun, jama'a suka ce ba sa so. Aka bar bashin, aka ɗauki sharuɗɗansa: a 1986 aka ƙaddamar da shirin SAP. A shekarar aka rushe hukumomin sayen amfanin gona, aka karya darajar naira wadda a lokacin take kafaɗa da kafaɗa da dala, litar fetur ta tashi daga kwabo 20 zuwa kwabo 39.5. Daga 1987, bayan taron Bamako, tsarin mara lafiya ya biya kuɗin magani a ƙananan asibitocin hukuma ya yaɗu. A 1997 aka cire tallafin takin zamani gaba ɗaya, kafin a dawo da wani ɓangare nasa a 1999. A 2005 aka sayar da kamfanin taki na ƙasa da ke Onne, a 2013 aka sayar da kamfanonin rarraba wutar lantarki. Masaƙun Sharaɗa da Challawa da Bompai, inda samarin karkarar Kano suke samun aikin albashi, suka riƙa rufewa ɗaya bayan ɗaya.

Sai a dubi Suwidin. Jam'iyyar 'yan ƙwadago ta mulki ƙasar kusan ba yankewa daga 1932 zuwa 1976, ta gina abin da suke kira gidan jama'a: makaranta kyauta, asibiti, fansho, gidajen zama. Bayan an saki harkar bashin banki a 1985, bankuna suka yi ta rabon rance ba lissafi, suka durƙushe a farkon shekarun 1990, har babban bankin ƙasar ya ɗaga kuɗin ruwa zuwa kashi 500 cikin ɗari na 'yan kwanaki a Satumban 1992. A wannan shekara gwamnatin Carl Bildt ta ba 'yan kasuwa damar buɗe makarantu da kuɗin hukuma, su kuma ci riba. Aka soke harajin gado a 2004, aka soke harajin dukiya a 2007. Sakamakon bai ɓuya ba: tazara tsakanin mai shi da mara shi ta faɗaɗa, kuma a 2013 wani babban kamfanin makarantu mai suna JB Education ya karye, dubban ɗalibai suka wayi gari suna neman inda za su koma.

To amma ga abin da masu kawo misalin ba sa faɗa. Har yau ɗan Suwidin ba ya biyan kuɗin makaranta, daga firamare har jami'a. Abin da zai biya a asibiti cikin shekara yana da iyaka. Iyayen jariri suna da hutun kwana 480 da ake biyan su. Harajin da hukumar ƙasar ke tarawa ya haura kashi 40 cikin ɗari na abin da ƙasar ke samarwa. Suwidin ta miƙa wa 'yan kasuwa gudanar da wasu ayyuka, amma aljihun da ke biya na hukuma ne. Sun cika rumbu tukuna, sannan suka yi gardama a kan wanda zai riƙe mabuɗi. A Kibiya, hukuma ta janye hannunta tun kafin hannun ya gama isowa.

Wanda ke shakka ya tambayi kansa wa ya gina madatsar ruwa ta Tiga. Gwamnatin Audu Baƙo ce ta gina ta, aka kammala a 1974, kuma ruwanta ne ya mai da Kura da Bunkure da Garun Malam ƙasar shinkafa da tumatir da alkama. Babu ɗan kasuwar da zai zuba dukiyarsa a aikin da sai bayan shekara ashirin zai ga amfaninsa, amfanin kuma ya watsu a gonakin mutane dubbai. Hukumar KNARDA da kamfanin KASCO, waɗanda suka kai malaman gona da taki ƙauyuka a farkon shekarun 1980, na hukuma ne. Kasuwar hatsi da ake alfahari da ita a kudancin Kano, a kan harsashin da hukuma ta aza take tsaye.

Masu kare wannan aƙida suna da hujja ɗaya mai ƙarfi, kuma bai kamata a raina ta ba. Hukumomin sayen amfanin gona sun cuci manomin gyaɗa, suna saye da araha suna sayarwa da tsada a ƙetare. Takin tallafi ya sha ƙarewa a hannun 'yan siyasa da dillalai. Binciken Majalisar Wakilai na 2012 ya tona asirin sata mai ban tsoro a tallafin fetur. Duk wannan haka yake. Sai dai idan ɓera ya shiga rumbu, ɓeran ake kashewa. A Nijeriya rumbun aka cinna wa wuta, ɓeran kuma ya fice da ƙibarsa. Ɓarayin tallafi nawa ne suka dawo da abin da suka ci? Hukuncin ya faɗa kan mai kai mara lafiya asibitin Rano a bayan babur, wanda kuɗin mai ya ninka masa.

Haka aka maimaita ranar 29 ga Mayun 2023, lokacin da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da ƙarshen tallafin fetur a jawabinsa na kama mulki. Lita da ake saya ƙasa da naira 200 ta haura naira 1,000 kafin ƙarshen 2024. Dala ta tashi daga wajen naira 460 ta wuce naira 1,500. Taki da maganin feshi da kuɗin huɗa suka bi ta. Da yunwa ta tsananta, sai a Yulin 2024 gwamnati ta sanar da ɗage harajin shigo da masara da shinkafa da alkama na kwana 150. Manomin da ya sayi taki a farashin dala ya sayar da masararsa a farashin da ya faɗi. An ce masa kasuwa ce alƙali ranar da yake saye. Ranar da yake sayarwa kuwa, hukuma ta tuna tana da hannu.

Ƙasar Kano ba baƙuwa ba ce a wannan gardama. Tun 1950 NEPU da Malam Aminu Kano suka tsaya a kan cewa mulki bashi ne da talaka ke bin mai mulki. A 1979 Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali saboda ana karɓa daga talaka ba ya ganin komai a ƙasa. Yau ba a aiko da ɗan doka karɓar haraji ba, amma ana karɓar sa a gidan mai, a shagon magani, da wajen mai sayar da taki.

An yi alkawarin cewa kuɗin da aka tsimi daga tallafi za su tafi makarantu da asibitoci, kuma kason da jihohi da ƙananan hukumomi ke karɓa daga asusun tarayya ya ƙaru ƙwarai tun 2023. A ranar 11 ga Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a riƙa biyan ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye. Saboda haka mutumin Kibiya yana da haƙƙin a liƙa masa a bangon sakatariya, wata-wata, nawa ya shigo da kuma inda ya tafi: malamai nawa aka ɗauka, buhun taki nawa aka raba kafin ruwan farko, asibitin wace mazaɓa ce ta sami ungozoma. Duk ɗan takarar da ya zo neman ƙuri'a a 2027 ba tare da wannan lissafi ba, ya kamata a nuna masa hanyar da ya biyo ya zo.