A Rufe Kanti Tukuna, Shari'a Daga Baya?

A ƙarshen Nuwamban 2018 ma'aikatar lanho ta garƙame ofisoshin kamfanin Orange a Yamai, tana bin sa miliyar 22 na sefa. Kamfanin ya ce kuɗin sun kusa rabin cinikinsa na shekara, ya ƙi yarda, ya kai kuka. Kwanaki kaɗan aka bi da na Airtel, a kan miliyar 62. Ba hukuncin alƙali ya buɗe ƙofofin nan ba. Zama aka yi aka daidaita. A 2019 Orange ya sayar da hannunsa ga Zamani Com ya kama hanya.

Ba kukan waɗannan muke yi ba, suna da lauyoyi a Yamai da Faris. Amma in raƙumi ya durƙusa, ina labarin akuya? Muna nufin mai kantin atamfa a kasuwar Dole ta Damagaram, da mai sito a Maraɗi, wanda takardar ƙarin lanho za ta iske da Faransancin da ko ɗan lakwal sai ya maimaita.

Doka ta ba shi ikon musu, haka ne. Sai dai ku dubi hanyar. Kafin ya ga alƙali dole ya fara kai kukansa a rubuce wurin ma'aikatar da ta yanka masa kuɗin. Wanda ya yi lissafi shi ne zai duba ko ya yi kuskure! Kuma kai kuka shi kaɗai ba ya tsai da biya. Yana jiran amsa, ana iya tare kuɗinsa a banki, ana iya liƙa takarda a ƙofarsa. Kanti ya yi wata biyu rufe, masu saye sun koma maƙwabta, wanda ya ba shi kaya bashi a Kano yana aike. Ranar da kotu za ta ce yana da gaskiya, gaskiyar ta iske kango.

Shi ya sa da yawa ba su zuwa kotun. Sun gwammace "a san yadda za a yi" a bayan ofis, kuɗin da ba su shiga baitulmali. Ma'aikacin kirki, kuma akwai su, shi ake bari da baƙin jini. Ku ma 'yan kasuwa da laifinku: wanda ba ya rubuta ciniki, ba ya ajiye rasit, ya bar wa'adin amsa ya wuce, da me zai tsaya gaban alƙali?

Ba mu ce a daina biyan lanho ba. Albashin malami da maganin likita daga nan suke fitowa. Abin da muke nema: wanda ya shigar da ƙara ya kawo jingina daidai ƙarfinsa, kada a taɓa ƙofarsa sai alƙali ya sa hannu. In kuwa ma'aikata ce ta faɗi, ta mayar da kuɗin cikin wa'adi sananne, ta biya asarar kwanakin rufewa.